Baƙon Cikin Akwati

Daren Laraba ake yin wasan.
Tun la'asar Ladan direba zai ciro batirin tifa,
ya aza bisa turmi, ya ɗaura wayoyi,
a ɗora Ige kan katanga yana murza gorar eriya,
mu muna ƙasa muna ihu: "Ta zo! Ta tahi! Koma hagu!"
har Sakkwato ta ɓullo daga cikin yayyafi,
fari da baƙi, kamar an wanke ta da toka.

Ƙaura Namoda ke nan, layin bayan tasha,
shekarar da na fara sa takalmi.
Akwati ɗaya gare mu, mu gida goma sha.

A cikin wasan wani kawu ne ya zo kwana uku
da 'yar jaka da buta.
Mako na tara ke nan muna kallonsa
yana tsame ƙashin miya,
yana koya wa matar gida awon gishiri,
yana barci a kujerar mai gida, ƙafa bisa rediyo.
In ya ce, "Gobe da yardar Allah zan kama hanya,"
sai tsakar gidan Ladan ta rushe da dariya
har awaki su farka.

Mu 'yan gidanmu rabin dariya muke yi,
don Gwaggo Tumba na gabanmu a tabarma.
Jirgi ya sauke ta tun ana shuka,
ga shi an yanke gero, an ɗaure, an kai rumbu.
Ta ce ido ta kawo a duba.
An duba. An ba ta tabarau.
Da su ta ga ƙura a bayan randa,
ta ga Inna na ɓarnar mai,
ta ga Baba ya rame.

Inna ta bar magana, murfin tukunya ke yi mata.
Baba ya koyi dogon wuridi bayan isha'i.
Ni aka tasa daga gadona,
na koma zaure, ni da keke.

Daren da nake faɗi,
matar cikin akwati ta ɗauko jakar kawu
ta dire ta bakin ƙofa, ta aza butar a sama.
Aka tafa. Wata ta yi guɗa.
Inna ta duƙa tana tsinkar zare a gefen zanenta.
Na leƙa fuskar Gwaggo:
cikin kowane gilashi mutum biyu ƙanana suna faɗa.
Ta ce, ba da ƙarfi ba, ba kuma da kowa ba,
"Har yau babu wanda yat tambaye shi
mi yab baro gida."

Nan batir ya gaza.
Hoton ya tsuke, ya zama ƙwayar gero, ya mutu.
Aka watse ana tsaki, ana zagin tifar Ladan.

Daga zaure na ga Inna ta ɗauki fitila
ta shiga ɗakin da bai saba ganin ƙafarta ba.
An daɗe.
Na ji sunan Moriki, na ji sunan gona,
na ji sunan 'ya'yan Gwaggo biyu da kuɗin da suka karɓa.
Sai kuka, ƙasa-ƙasa,
ban san na wace ba.

Da safe ba wanda ya ɗaure kaya.
An sha kunu. An yi faɗan gishiri da rana,
an yi shi shekara huɗu,
har ranar da aka fitar da Gwaggo ta zauren da nake kwana,
Inna na riƙe da ƙyaure, ta hana a rufe.

Ƙarshen wasan ban gan shi ba.
Na tambayi Ige da muka haɗu a tashar Gusau,
ya ce kawun ya tafi, wai har da rediyon.
Ƙanwata ta rantse bai tafi ba.
Wani tsoho da ya yi aiki a can ya ce
kaset ɗaya gare su, sun ɗora labarai a kai.

Tabaran na nan a aljihun teburina,
hannu ɗaya ɗaure da baƙin zare.
Ɗaurin Inna ne.